Ƙarshen da Ɗan Gwaggo Ya Ɓoye Mana

Ranar wata Laraba, da misalin ƙarfe biyu na rana, muna zaune a ofis ni da abokiyar aikina, sai ta kunna wani tsohon fim ɗin Amurka a wayarta, irin mai baƙi da fari. Ina jin kiɗan farkonsa na ajiye alƙalami. Na san kiɗan nan tun ina 'yar shekara goma sha ɗaya a gidanmu na Jega.

A lokacin ɗan gwaggonmu yana koyarwa a wata firamare a Aliero. Shi kaɗai ke da bidiyo a dangi, shi kaɗai kuma ke jin Turanci. Idan an gama cire albasa, warinta ya cika tsakar gida, yakan ɗauro bidiyon da ƙaramin janareta a bayan babur ranar Juma'a. Bayan la'asar sai a shimfiɗa tabarmi a ɗakin Kaka, a saki labule. Shi zai zauna kusa da talabijin, ya rage sauti, yana faɗa mana abin da Turawan ke cewa. Ku lura, ba mu da wata hanyar sanin labarin sai ta bakinsa.

Kaset ɗin wannan fim ɗin ya fi kawowa. Labarin wani attajiri ne da ya auri wata kyakkyawar mata, ya kai ta babban gida a bakin teku. Yana buɗe wasiƙunta kafin ta gani. Ƙanwarta ta zo ziyara ya kore ta. Ɗan gwaggo ya ce mana duk tsananin so ne, matar ma godiya take yi masa. Idan ta yi kuka, ya ce kukan daɗi ne. Yana fassara yana satar kallon yayata, wadda yake nema da aure.

Kaka ce kaɗai ba ta yarda ba. Wata rana ta cire goro daga baki ta nuna talabijin.

"Kai angona, wagga mata tsoro taka ji. Dubi hannunta."

"Tsohuwa, yaushe kinka shiga boko?" in ji shi.

Aka kwashe da dariya, tawa ta fi ta kowa ƙarfi.

Kullum a wuri ɗaya yake kashe bidiyon, inda mijin ya rungume matar a kan matakalar bene. Yakan ce nan labarin ya ƙare, saura rubuce-rubuce, ga magariba ta gabato.

Yaya ta ɗan yi shakka kafin auren, don ya taɓa yin kwana uku bai kula ta ba saboda ta amsa gaisuwar wani dillalin albasa. Muna wanki ta tambaye ni yadda na gani. Na ce ai irin mijin fim ɗin nan ne, wace ce za ta ƙi? Ta yi murmushi. Da son ranta ta aure shi.

Shekarar farko ta zo mana Sallah. Daga nan zuwan ya yi ta ja baya. Da aka yi hutu na je in kwana biyu wurinta, ya sa ni a mota a ranar da na isa, wai tana buƙatar hutawa. Ranar da Kaka ta rasu ya kawo ta, ya tsaya a ƙofar gida bai sauka daga babur ba. Ko sadakar uku ba ta gani ba.

A ranar Larabar nan na karɓi wayar na kalli fim ɗin daga farko, yanzu da nake jin kowace kalma. Babu godiya ko ɗaya a bakin matar. Roƙo take yi a bar ta ta ga danginta. Bayan matakalar benen kuma akwai sauran kusan minti ashirin. A cikinsu ta ɗauki jakarta ta fita da rana tsaka, ta tafi wurin ƙanwarta, ya rage shi kaɗai a gidan. Ɗan gwaggo ya san wannan ƙarshen. Kaset ɗin nasa ne.

Yau yaran Jega kowa da fim a tafin hannunsa, an fassara da Hausa, idan bai gane ba ya mayar baya. Mu bakin mutum ɗaya muka dogara da shi, ni kuma na ɗauki maganarsa na kai wa yayata a matsayin shawara.

Da na tashi daga aiki na kira lambarta. Shi ya ɗauka. Ya ce tana girki, zai gaya mata na kira.