Munduwar Uwar Mai Itace

Ina tsakar gida ina tsince shinkafa ɗan Goggo ya yi sallama. Da na ga ya durƙusa nesa da ni bai ɗago kai ba, sai na ajiye faifan. Ya ce, "Yaya, sai haƙuri. Hajiya ta cika bayan asuba." Na karanta abin da ake karantawa. Goggo ƙanwar mahaifina ce, kuma ita ce ta ƙarshe cikin manyan gidanmu. Amma ba zan ɓoye maka ba, mai karatu, ba fuskarta ce ta fara zuwa raina ba. Hanya ce ta zo. Ita kaɗai ta rage da ta san hanyar wani ƙauye da aka ce mu je ni da ita, ba mu je ba.

A unguwar Doka, cikin garin Kaduna, na tashi, ana sauran 'yan shekaru Turawa su miƙa mulki. Mahaifina masinja ne a ofishin gwamnati, kullum da safe cikin kaki a kan keke. Shi ya ɗauko iyayensa daga ƙasar Zazzau don su huta. Kakata, wadda muke kira Inna, ta yarda ta huta. Kakana, Baba Tsoho, ya ƙi. Masunci ne tun yana yaro, ya ce ba zai zauna a garin da ke da kogi yana cin kifin saye ba. Da sassafe yakan saɓa birginsa, wato ragar nan da ake jefawa ta buɗe a kan ruwa, ya gangara kogin Kaduna. Har gobe in na ji ƙarnin kifi haɗe da warin laka, sai in juya kamar zan gan shi yana shigowa.

Wata shekara bazara ta yi tsanani, kogi ya ja baya fiye da yadda tsofaffi suka saba gani. Duwatsun da ba a san da su ba suka fito fili. Ruwa ya fara mayar da abin da ya haɗiye. Masu wanki da masu ɗiban yashi suna tsintar fasassun tukwane masu zane, da dutsen niƙa, da kan mashi da tsatsa ta cinye, da kwalaben Turawa, da ƙusoshin hanyar jirgi. Yara suna tara su suna wasa, manya ba sa ko dubawa.

Ran nan birgin Baba Tsoho ya maƙale a wani gurbi mai zurfi da ake cewa kada na kwana ciki. Ya nutse don ya kwance shi, hannunsa ya faɗa kan wani abu a tsagar dutse. Ya dawo gida ba kifi, hularsa a hannu, a dunƙule.

Ya ce mini, "Amarya, yau mijinki ya dawo hannu biyu. Sai ki yi haƙuri da miyar kuka."

Na ce, "To mene ne a hular?"

Ya ce, "Ba naki ba ne, ba nawa ba ne."

Bai buɗe wa kowa ba, har Inna. Ya wuce wurin malamin unguwa. Malam ya gaya masa hukuncin tsintuwa: ya yi cigiya shekara guda a inda jama'a ke taruwa, kada ya nuna kayan, kada ya faɗi kamarsu. Mai kaya na gaskiya shi zai zo ya faɗi yadda suke, sai a ba shi. Baba Tsoho ya ɗauki maganar nan da hannu biyu. Ya ɗinke abin cikin 'yar fata, ya rataye a azarar ɗakinsa, can sama inda hannun yaro ba ya kaiwa.

Daga nan kowace Juma'a, da an sallame, sai ya tsaya a ƙofar masallaci ya ɗaga murya: "Jama'a, an tsinci kaya a kogi. Mai shi ya zo ya faɗi kamarsa." Da fari mutane suna zuwa suna canka. Wani ya ce agogo, wani ya ce zobe, wani ya ce takobin kakansa. Daga baya abin ya zama na tsokana. Abokan wasansa sukan tare shi su ce, "Baba, ka sauka ka tambayi kadan mana, ƙila shi ya yar." Shi kuma ya ce, "Na tambaye shi, ya ce ku yake jira ku zo wanka." Mahaifina ya taɓa ba shi shawara ya kai wa wani Bature a ofishinsu mai tara tsofaffin kaya. Baba Tsoho ya dube shi ya ce, "Shi ya yar?" Ba a sake tayar da maganar ba.

Duk wannan lokacin akwai wata dattijuwa da ke kawo mana itace. Gwari muke ce wa mutanensu a wancan zamani. Takan taho daga bayan Kawo da kayanta a ƙwarya bisa kafaɗa, ba a ka ba, kamar yadda matansu ke yi. Mai Itace muke kiranta. Ba wanda ya taɓa tambayar sunanta a gidanmu, ko da yake tsakaninta da Inna akwai raha sosai. Inna ta ce itacen ɗanye ne, ita ta ce ba itacen ba ne, mai hura wutar ce ta tsufa. In ta sauke kaya takan zauna a inuwar ɗakin Baba Tsoho ta sha ruwa. Bango kawai ke tsakaninta da fatar nan da ke rataye. Ba ta zuwa masallaci, ba ta san ana cigiya ba. Mu kuma a cikin gida ba mu san abin da ke cikin fatar ba, balle mu yi zancensa.

Shekara ta zagayo, muka shiga azumi cikin zafi. Malam ya ce cigiya ta cika, kaya sun halatta. Baba Tsoho ya farke ɗinkin a gabanmu. Munduwa ce ta tagulla, mai nauyi, ta yi baƙi ƙirin. Goggo, wadda a lokacin ake shirin bikinta, ta zauna ta goge ta da toka da tsamiya har zanenta ya fito: layuka uku kewaye, da ɗige-ɗige kamar na jikin zabo. Baba Tsoho ya kama hannuna ya zura ta ya ce, "Ga sadakinki, amarya. Kada ki ƙara cewa mijinki matsiyaci ne." Ta yi mini yawa, sai Inna ta naɗe cikinta da tsumma don kada ta zame.

A makon ne Mai Itace ta zo. Ni na kai mata ruwa. Ta miƙo hannu za ta karɓi moɗa, sai ta tsaya. Ta kama tsintsiyar hannuna, ba da ƙarfi ba, ta daɗe tana juya munduwar da babban yatsa. Sannan ta ce, "Ruwa ya ba ku wannan."

Ba tambaya ta yi ba. Inna ta ce, "Yaya aka yi kika sani?"

Ta ɗage zanen da ta yafa. A damtsenta, can sama inda ba mu taɓa lura ba, akwai 'yar'uwar munduwar, layi uku da ɗigon zabo. Ta ce na uwarta ne, guda biyu. Uwar ta cire ɗaya ta sa mata wata safiya don ta daina kuka, ta tafi kasuwa a ƙetaren kogi da ɗayar, tun ba a kafa gadar jirgi ba. Kwalekwalen da ta shiga ya kife. Aka bi ruwa aka bi, ba a samu ko zanenta ba. Ta ce, "Ba mu binne komai ba. Wurin da ke kusa da kabarin ubana har yanzu babu kowa."

Inna ta ce mata maigida ne ya ba ni, sai ya dawo, ta zo mako mai zuwa. Da ya dawo aka gaya masa, ya zauna a bakin ƙofa bai cire ragar daga kafaɗa ba. Can ya ce, "Shekara guda ina kiran mai kaya a inda ba za ta taɓa ji ba. Ga ta a inuwar ɗakina." Bai ma jira malam ba, ya ce a mayar mata.

Ni kuwa na sa kuka. Sallah ta kusa, na riga na nuna wa duk yaran layinmu. Baba Tsoho mutum ne da ke nutsewa gurbin kada, amma ba ya iya kukan jika. Da Mai Itace ta dawo, ya fito da kansa ya durƙusa a gabanta, abin da ban taɓa ganin ya yi wa mace ba. Ya ce, "Kayanki ne, ba musu. Alfarma nake roƙo. Ki bar wa yarinyar nan ta yi Sallah da ita, in kin dawo ki tafi da abinki."

Ta dube ni. Ta ce, "Ni ma don kuka aka ba ni tawa. Ta yi Sallah." Ta ɗauki ƙwaryarta ta tafi.

Na yi Sallah da ita. Kwana kaɗan ruwan fari ya sauka, damina ta kama, mutanen ƙauye suka koma gona, masu itace suka ɗauke ƙafa kamar yadda suke yi kowace shekara. Baba Tsoho ya karɓi munduwar ya mayar cikin fatar. A cikin daminar nan ciwon ƙirji ya kwantar da shi. Da kaka ta yi, wata mace daban ta kawo itace. Aka tambaye ta, ta ce ita daga wani gefen take, ba ta san wadda ake nufi ba.

Goggo ce kaɗai ta san ƙauyen, don ta taɓa bin Mai Itace can tare da wata maƙwabciyarmu, zaɓen randa da tukwanen aurenta. Takan ce ana barin hanyar Zariya kafin a kai Katabu, daidai wani babban rimi, a ƙetare rafi, sauran kuma sai ido ya gani. Ana gobe zai rasu, Baba Tsoho ya kira mu, ya sa fatar a hannuna, ya ɗora hannun Goggo a kai. Ya ce, "Ke kin san hanya, ke kuma don ke aka jinkirta. Ku kai."

Aka yi zaman makoki, Inna ta shiga takaba, aka ce sai ta fita. Ta fita, aka kai Goggo ɗakin mijinta a Kano. Na girma, ni ma aka kai ni nawa. Duk haɗuwar da za mu yi, a biki ko a suna, in mun keɓe sai ɗayanmu ta ce, "Maganar nan fa." Ɗayar ta ce, "In Allah ya kai mu rani." Ba mu manta ba, kuma ba mu taɓa cewa ba za mu je ba. Mun dai riƙa ganin akwai lokaci. Da Goggo ta dawo Kaduna da tsufa ta zauna a Kurmin Mashi, tsakanina da ita mota ɗaya ce. Sai ya zama gwiwarta, sai ya zama jinyar maigidana, sai ya zama damina.

A wurin ta'aziyya ɗanta ya ce mini, "Yaya, cikin kwanakin nan Hajiya ta yi ta zancen wani rimi da rafi. Mun ɗauka zafin ciwo ne." Na ce ba zafin ciwo ba ne.

Bayan addu'ar bakwai na sa jikana ya kai ni hanyar Zariya. Daga Kawo har Katabu gidaje ne da shaguna da gidajen mai. Ban ga rimi ba. Na tambayi wasu dattawa a bakin hanya, suka ce ƙauyukan da ke nan a da sun tashi, wasu sun yi gaba cikin daji, wasu gari ya haɗiye su. Suka ce, "Hajiya, wace ce kike nema? Faɗi sunanta." Ban san sunanta ba, sai na ce wa jikana mu juya.

Kogin ma ya canza. Manyan motoci ke kwasar yashinsa yanzu, kuma ban ƙara jin wani ya tsaya a ƙofar masallaci yana cigiyar abin da ya tsinta ba. Mai Itace ta daɗe a ƙasa, na sani. Ko da tata munduwar aka binne ta, ko tana damtsen wata jikarta, ban sani ba. Ɗayar tana ƙasan akwatina, cikin fatar da Baba Tsoho ya ɗinka, da tsumman Inna a jikinta. Har yau ban kai ta ba.