Ranar da Na Ƙwaci Laifina a Caji Ofis

Ko hankalina zai zube kamar yadda haƙorana suka zube, akwai wata Juma'a a Anacha da ba za ta fita daga raina ba. Ni ban yi boko ba, faɗa nake ana rubuta mini, don haka in kun ga magana ta karkace, kuka ne ya tare ni. Malam, mijina, ya rasu bara, kuma har yau in na dama koko sai na ga na zuba kofi biyu. Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta.

A lokacin muna haya a bayan Kasuwar Ochanja. Malam yana sayar da albasa, ni ina tuyar waina a ƙofar gida. Da ribar wainar na sayi ɗan rago, na raine shi da dusa da ɓawon doya har ya zama ƙato mai murɗaɗɗen ƙaho. Aibinsa ɗaya ne: ba ya ƙaunar namiji. Mace za ta ja kunnensa ya kwanta mata, amma da ya hango wando sai ya ja da baya ya sunkuyar da kai. Malam kansa in zai tafi masallaci sai ya leƙo daga ɗaki ya ce, "Ke, kama mini ɗan banzan nan naki in wuce."

Ran nan da hantsi ina tsakar tuya ya tsinke igiya ya faɗa kasuwa. Ya cinye wa wata mata 'yar Ibo ganyen miyarsu, ugu, da ta kasa, da mijinta ya taso da sanda kuma ragon ya ɗaga shi ya zuba a kwata. Kafin in kamo shi in dawo, ga 'yan sanda biyu a ƙofar gida suna tambayar mai rago.

Na ce, "Ga ni."

Ko kallona ba su yi ba. Suka ce ina maigida? Malam na tsugune yana alwalar Juma'a, ƙafa ɗaya ya wanke. Na ce musu da gumina na saye shi, ba ruwan Malam. Ɗayansu, wani ɗan Jos mai jin Hausa, ya ce, "Mama, ke da ragon ai duk nasa ne." Haka suka tasa bawan Allah gaba da jiƙaƙƙiyar ƙafa ɗaya. Ragon ma suka ce shaida ne, sai ya je. Amma da yake babu mai iya taɓa igiyar, ni na ja shi har caji ofis na ɗaure musu a gindin mangwaro. Ba wanda ya tambayi kansa dalili.

Yanzu abin dariya ne, amma a ranar ba wasa ba ne. Malam yana da asma. Ɗakin da suka tura shi cike yake da mutane da hayaƙin taba, taga kuwa kamar tafin hannu. An ce in ba a yi belinsa kafin la'asar ba, sai Litinin. Daga inda nake tsaye ina jin ƙirjinsa yana kuka kamar tsohuwar ƙofa. Na san in ya kai Litinin a ciki, gawa za a miƙo mini.

Na je gaban kanta na ce zan yi belinsa. Sajan da ke zaune a wurin ya ɗago daga kwanon shinkafarsa ya ce, "Woman no dey bail." Wai mace ba ta beli.

Na ce wa ɗan Jos, "Faɗa masa a garin nan na haifi duk 'ya'yana. Kowa ya san kaskon wainata. Ina zan gudu?"

Ya ce, "Ya ce a kawo namiji, ko wane iri ne."

Akwai wani mashayi yana sharar barci a kan benci, yawu na zuba, takalmi ƙafa ɗaya. Na nuna shi na ce, "Wannan fa?"

Sajan ya leƙa ya dube shi da kyau, ya ce in ya farka zai iya.

Na aika mai okada unguwa. Ya dawo ya ce Sarkin Hausawanmu ya tafi gida ta'aziyya, 'yan albasa sun tafi tarar mota a gada, samari 'yan dako kuwa da jin an ambaci caji ofis suka watse kamar an jefa dutse cikin tsaki. Na zauna a dakali ina kuka. Laifi nawa ne, an hana ni shi. Miji nawa ne, an hana ni shi. Rago ma ya fi ni matsayi a wurin, don shi an rubuta shi a littafi.

Ana cikin haka sai ga babban ogansu ya shigo da mota, wando ya sha guga. Ya fito, ya sunkuya zai ɗauko hularsa a kujera, ya ba mangwaro baya. Ni na ga ragon ya ja da baya. Allah ya yafe mini, ban ce uffan ba. Igiya ta tsinke, ji kake tim! Oga ya shige mota da ka, ya fito ta ɗaya ƙofar, ya ɗare saman motar kamar yaro. Sajan ya haye teburin kanta da kwanonsa. Ɗan Jos ya kama reshen mangwaro. Wani ya saita bindiga, oga ya daka masa tsawa daga sama cewa ba a harbin shaida. Mashayin nan kaɗai ya tsira, don a kwance yake.

Oga ya ce a fito da mai ragon ya kama abinsa. Aka buɗe wa Malam. Yana fitowa suka haɗa ido da ragon, sai ga mai asma ya yi tsalle ɗaya ya dira kusa da sajan a kan kanta, yana haki yana cewa, "Wallahi tallahi ba nawa ba ne! Ni ma a gidan da izininsa nake wucewa!"

Sai duk ido ya dawo kaina. Sajan ya ce, "Mama, abeg."

Na gyara mayafina na ce, "Ai mace ba ta da rago."

Ɗan Jos ya fassara daga kan reshe. Oga ya ce me nake so? Na ce a goge sunan Malam a sa nawa, ni ce mai rago, ni ce mai laifi. Sajan ya jawo littafi ya rubuta a tsugune. Sai da ɗan Jos ya rantse mini an rubuta, sannan na tafa hannu na ce, "Taho nan, ɗan nema." Ya zo ya ɗora kai a cinyata kamar bai taɓa saɓo ba.

Na dangwala yatsa. Ran nan sunana ya fara shiga takardar gwamnati, a matsayin mai laifi, kuma wallahi ko ranar aurena ban yi fara'a haka ba. Malam, wanda ko tsayuwa ba ya iyawa sosai, shi ya yi belina, tunda namiji ne. Mai ugu kuwa da ta zo ta ji yadda aka yi da oga, dariya ta hana ta magana. Muka sasanta tsakaninmu mata, na yi ta aika mata waina har ta ce ya isa. A hanyar gida Malam ya ce, "Tunda nake ban taɓa ganin wanda ya yi rigima don a ba shi laifi ba sai ke."

Daga baya jikata da ke karatun lauya ta gaya mini babu dokar da ta hana mace beli, al'ada ce kawai aka ɗora wa doka. To, mu da ba mu sani ba, a kanmu ta ƙare.

Ranar da Malam ya cika a asibiti, wani ma'aikaci ya tsallake ni ya ce a kira namiji ya karɓi gawa. Hawaye na zuba na miƙa masa babban yatsana na ce, "Ɗana, kawo takardar. Mijina ne." Ya kawo.

Abin da na koya ke nan: wanda ya ce komai naki na wani ne, har laifinki, ba sauƙi ya yi miki ba, cire ki ya yi daga cikin mutane. Ki riƙe abinki, mai daɗi da marar daɗi, don da shi ake sanin kina nan.