Bangon Inna Kafin Ruwa Ya Ci Shi

Wata Laraba cikin daminar 1968, shekarar da aka datse ruwa a Kainji, na zauna a tsakiyar jirgin Kawu Bawa rungume da littafina na makaranta. A gabana muhutin alƙali ya tattare babbar rigarsa yana salati duk sa'ad da igiyar ruwa ta ɗaga mu, a bayana kuma wani falke, Alhaji Ɗanjuma, ya haɗe rai. Tsohon gungunmu muka nufa, tsibirin da aka tashe mu daga cikinsa kwanan baya, don mu iske wani bango kafin ruwa ya cinye shi.

Sana'ar Inna bandar kifi ce. Da na dawo makaranta sai in tsinto itace, in jera tarwaɗa da ƙarfasa bisa raga, ƙawayena na carafke a gindin tsamiya suna kirana ina yi kamar ban ji ba. Inna ba ta yi karatu ba, bangon ɗakin banda shi ne littafinta. Hayaƙi ya mayar da shi baƙi ƙirin, duk falken da ya ɗauki kaya bashi, da hannunsa yake jan layi da farar ƙasa, kwando ɗaya layi ɗaya, ranar biya kuma shi zai goge da jiƙaƙƙen tsumma. Ni kuwa, saboda son abu a jere, nakan kwafe layukan cikin littafina ba wanda ya sa ni.

Ana gab da tashinmu Alhaji Ɗanjuma ya ɗauki kwando goma sha biyu. Da Inna ta tare shi a kasuwar Warra sai ya ce uku ya sani, don ya ɗauka bangon ya tafi tare da garin. Kifin kuwa na masunta ne, in ba ta biya su ba, ba mai sake ba ta ko ƙaya a sabon gari. Ta kai ƙara da hantsi. Na miƙa wa alƙali littafina, ya yaba rubutun, amma ya ce, "Rubutun ɗiyar mai ƙara ba ya zama shaida. Bangon yana tsaye?" Na ce ɗakin yana kan tudu, kuma ba a cire jinkarsa ba saboda ƙaurin hayaƙi. Nan take ya ce a je a gani yau.

Mun iske ruwa ya shiga gidanmu har gwiwa, rumbunmu ya kife, ƙananan kifaye suna yawo a inda muke shanya tuwo. Na yi tsalle na faɗa ruwan, na manta da kunya, ina ihu, "Ga shi nan! Yana nan!" Gindin bangon ya jiƙe, ya fara karkata, amma layukan fes. Muhuti ya ƙirga su da bakin sanda har sha biyu, sannan ya ɗaga kai ya yi murmushi. Sauran fatake da alamar zobe ko gicciye suke gane layinsu, shi kuwa Alhaji, don a san malami ne, sunansa ya rubuta da ajami, manya-manya. Kawu ya tuntsire da dariya: "Alhaji, wannan hannu naka akwai kyau! Ko aljanin ruwa ne ya rubuta maka?" Kafin la'asar mun koma, alƙali ya sa an riƙe kayan Alhaji a bakin kasuwa har sai da ya zube wa Inna kuɗinta. Ta biya masunta, ta sayo mini sabon fensir.

Yanzu rasit ake yankawa, ƙarar bashi kuma takan shekara ana ɗagawa. In na hau jirgin inji na ratsa tafkin, nakan leƙa ruwa daidai inda nake zaton tudunmu yake. Har ta rasu Inna na cewa abu ɗaya ya rage mata: Alhaji bai goge layukansa da hannunsa ba. Ruwa ne ya goge masa.