Waƙar Ƙofa da Na Ɓata wa Goggo

A layinmu na Omdurman, a Sudan, inda kusan kowane gida jikokin alhazai ne da suka taso daga Najeriya ba su koma ba, ƙaramar Sallah ba ta cika sai an yi waƙar ƙofa. Da an sauko daga Idi mata za su bi gida-gida da farantin ka'ak, biskit ɗin Sallah, su tsaya a bakin ƙofa, jagora ta ba da baiti, matan gidan su amsa daga ciki, sannan a buɗe musu. Goggona, yayar babana, ita ce jagora. Baiti bakwai ne, kuma ita kaɗai ta san su duka. Na farko dai kowa ya iya:

"Mun zo da rana, mun zo da albarka,
Rumbu ya cika, garke ya yaɗu."

Ni kuwa tun asali bakina ba shi da linzami. A lokacin ina da 'yar rumfar mayafai a Kasuwar Libiya, nan cikin Omdurman. Wata rana azumi ya yi nisa, babu ciniki, wuta ta ɗauke, sai na ce wa maƙwabciyar rumfata wai wane rumbu? Ni dai ban taɓa ganin rumbu da idona ba. Na buga tebur na rera:

"Mun zo da yunwa, mun zo da cokali,
Firij ya mutu, famfo ya ƙafe."

Ban tsaya nan ba, na sa surukai a ciki, na sa akuyar da ke cin wankin mutane. Maƙwabciyar ta ɗauka a waya. Kafin Sallah masu raksha, 'yan keke mai ƙafa uku, suna kunna muryata tun daga kasuwa har bakin gada, yaran da ba sa haɗa jimla ɗaya da Hausa sun haddace ta tsaf. Na yi ta hura hanci, ba zan ɓoye ba.

Ranar Sallah Goggo ta yafa farin tob ɗinta, wato lafaya, muka bi ta. A ƙofar farko ta ba da layinta, sai 'yan matan gidan suka amsa da nawa, suna ƙyalƙyala dariya. Ƙofa ta biyu ma haka. A ta uku ba ta ba da baiti ba, ta juyo ta miƙa mini farantin.

"Ya bitti," in ji ta, wato 'yata da Larabci, "kina tsammanin ban san babu rumbu a Omdurman ba? Uwata da ta koya mini, nata rumbun ta bari a baya ta kamo hanyar Makka da ƙafa. Halas, shi ke nan, ku yi taku waƙar."

Da ma ta zage ni, da ya fi mini sauƙi. Ta koma gida ita kaɗai, ba ta sake fita waƙar ƙofa ba. Shekarar da ta biyo ta ce ƙafa ce ke damunta, mu ma muka yi kamar mun yarda.

Har yau ban ce dariyar laifi ba ce. Mutane sun yi ta ne don da gaske firij ya mutu, kuma wanda bai yi wa halinsa dariya ba ciwo zai kama shi. Abin da ban lura da shi ba, tawa tana cikin wayar kowa, tata kuwa baki ɗaya ne ke riƙe da ita. Kullum ina cewa zan je in ba ta haƙuri in rubuta baitocin, kullum kunya ta ce in bari sai gobe.

Bayan shekaru, da yaƙi ya ɓarke a ƙasar, muka koma garin Jabal Awliya wurin danginmu masunta, da Goggo, ta tsufa ƙwarai. A can Sallah ta same mu, babu ka'ak, babu ƙofar da muka sani. Da hantsi 'yata, wadda Larabci ya fi zama a bakinta, ta tambaye ni yadda ainihin waƙar take. Na kama hannunta muka je gaban gadon igiyar da Goggo ke kwance, na durƙusa.

"Goggo, ki yafe mini. Ki ba mu ita, duk bakwai ɗin."

Fuskarta ta washe. Ta gyara zama, ta yi gyaran murya, ta fara da muryar nan tata: mun zo da rana, mun zo da albarka. Sai ta tsaya, leɓenta na motsi, tana laluben na gaba. Da ta ci gaba, layina ne ya fito, cikin ladabi da jan sauti irin na da. Ba zolaya take yi ba. Ta dube ni kamar ɗalibar da ke jiran malama ta gyara mata.

"Haka ne ko, ya bitti?"

'Yata tana riƙe da biro, tana jira. Na ce, "Haka ne, Goggo."