Tuwon Baƙon da Ya Kai Baba Kotu

Shekarun da kuɗin mai suka shigo, aikin gwamnati ya zama abin da kowa ke rububi. Wanda ya samu, kafin damina ta zagayo ka gan shi da babur da rediyo, an yi wa ɗakin uwarsa rufin kwano. Ni ma na zauna jarrabawar ɗaukar akawu a firamaren Faskari, na ci, aka tura ni wani ofishi a Ƙanƙara. Ban gama sabawa da kujerata ba masinja ya ajiye mani sammaci a tebur.

Wani ɗan Sabuwa ne, wanda muka zauna benci guda ranar jarrabawar, ya haɗa kan waɗanda suka faɗi suka kai ƙara babbar kotu. Sun ce ba a yi adalci wajen ba da maki ba. Hujjarsu kuwa a kaina ta faɗo: wai jami'in da ya duba takardunmu ya ci abincin gidanmu.

Kuma ya ci ɗin! Masaukin baƙi na jikin katangarmu yake, kuma tun ina yaro duk wanda aka sauke nan, mai auna hanya ne ko mai allurar shanu, Baba sai ya aika mashi da akushi. Ran da jami'in nan ya sauka, Inna ta tuƙa tuwon dawa, Baba ya sa aka yanka zabuwa aka kai. Ba wanda ya kawo komai a ransa. Yanzu ga shi zabuwar nan za ta raba ni da aikina.

Na hau motar kasuwar 'Yankara na nufi gida, ina tsine wa ɗan Sabuwar nan a zuci. Kai ka faɗi, sai ka ja ni mu faɗi tare? Na iske Baba a zaure yana gyaran igiyar shanu, na durƙusa na ce, "Baba, kai ma za a kira ka shaida. Don Allah in an tambaye ka, ka ce ba ka san aikin da ya kawo mutumin ba."

Ya ɗago ya dube ni. "In an miƙo mani Alƙur'ani fa?"

"Baba, aikina ne zai tafi."

"To ya tafi mana. Da shi aka haife ka?" Ya ci gaba da igiyarsa.

Na koma bakin aiki. A ofis ko ƙofa aka buga sai na zabura. Abokan aiki suka samu abin tsokana, da na shigo sai wani ya ce, "Mai zabuwa ya iso!" Ina yaƙe, amma raina in ya yi dubu ya ɓaci. Ba abin da nake gani sai ranar da zan koma ƙauye da akwatina, mutanen da suka yi mani rakiya tasha su fito kallo.

Ranar shari'a Baba ya sa rigarsa ta Juma'a. Bai taɓa taka kotu ba, har ya tuɓe takalmi a ƙofa sai da ɗan sanda ya ce ya mayar. Lauyan masu ƙara ya miƙe cikin baƙar riga yana Turanci, tafinta na juyawa.

"Ka aika wa jami'in jarrabawa abinci?"

"Na aika," in ji Baba. "Tuwo da zabuwa."

"Ka san shi zai duba takardar ɗanka?"

"Na sani mana. Duk gari an sani."

Innalillahi! Na runtse ido. Na ce shi ke nan, Baba ya gama da ni.

"To don me ka aika?"

"Don ya kwana a maƙwabtana. In bar baƙo da yunwa saboda ɗana na jarrabawa?"

Lauya ya juya wajen alƙali ya yi wata magana, tafinta ya ce, "Ya ce wannan shi ake kira cin hanci." Wasu a baya suka yi dariya. Baba ya waiwaya ya dubi masu dariyar, sannan ya sunkuyar da kai a kan katakon da ya dafa. Ban taɓa ganin ya karaya haka ba, ko ran da sa ya tunkuye shi.

Alƙali bai kama kowa da laifi ba. Ya ce a kwashe takardun duka a ba wasu mutane daban su sake dubawa, a rufe sunaye. Aka dakatar da mu da aka ɗauka aiki har sakamako ya fito, na zauna gida ina jiran tsammani, kullum kunnena na kan hanyar mota. Da ya fito, na ci. Ɗan Sabuwar nan ma ya ci, ashe da gaskiyarsa, jami'in ya yi duban ne da garaje. Na koma Ƙanƙara, na ƙarasa shekaruna a aikin.

Bayan kakar shekarar da aka yi shari'ar na zo gida hutu, na tarar an sauke wani baƙo a masauki. Inna ta zuba tuwo kamar kullum, ta rufe da faifai, ta miƙo mani in kai. Ina ratsa zaure Baba ya ce, "Dakata. Aikin me yake yi?"

Na ce ban sani ba.

"Ajiye nan. Kada in sake ja maka."

Na ce, "Haba Baba, ai magana ta wuce." Ya kawar da kai. Na ajiye akushin a gefen tabarmarsa, yana nan har tuwon ya huce. Daga ranar ba a ƙara fita da abincin baƙo daga gidanmu ba.