Hannun Baba da Salon Agwagwa

Babana tsohon mai gyaran keke ne, mutumin da ko cakulkuli aka yi masa sai ya tambayi dalili. Abu ɗaya ke sa shi dariya, wani fim ɗin 'yan kunfu na shirme, inda malamin faɗa yake korar 'yan daba da ludayi, gemunsa na roba yana ɓallewa, igiyar da ke ɗaga shi sama kuma kowa na ganinta. Shi da abokansa, Tela da Dogo, sun haddace shi kaf, har tarin malamin.

Da shanyewar ɓarin jiki ta taɓa hannunsa na dama, likita ta ce ko ya riƙa ɗaga shi kullum, ko ya sandare. Ni na karɓi aikin. Sai in tsaya a kansa ina ƙirgawa, ya ɗaga sau biyu, ya ce ya gaji, ya juya wa bango fuska. Amma da la'asar, da abokan sun iso an kunna fim, sai gajiya ta gudu. Na yi mita har bakina ya bushe.

Rannan na kai musu ruwa, na tarar da tsofaffi uku suna salon agwagwa irin na malamin, gwiwar hannu a sama, suna kwak-kwak. Hannun Baba har kafaɗa. Na dire tire, na fizgi rimot, na mayar da fim ɗin baya, na ce Baba ya sake ɗagawa, na fara ƙirga ɗaya, biyu. Hannun ya sauka kan cinya. Dogo ya kama kallon silin.

"'Yar nan," in ji Baba, "ke ko dariya sai kin ƙirga ta? Kashe abin."

Abokan suka ɗauke ƙafa, hannu ya koma kwance. Da kaina na je shagon Tela ban haƙuri. Ya bar ni a tsaye har ya gama kalmasa wando, sannan ya kafa sharaɗi: ba shiga ɗakin, ba taɓa rimot.

Yanzu a kicin nake zama ina jin kwak-kwak ta bango, ban ma san da wane hannu ake yi ba. Jiya Baba ya ɓalla maɓallan rigarsa da kansa. Na ce sannu da ƙoƙari, ya ce ba shi zan yi wa ba, in gode wa mai ludayi.