Tabon Aro

A ɗakin wanki na asibitin, Mai Gyale ake ce mata. Shekara ashirin da biyu ke nan da tukunyar tururi ta fashe tana bakin aiki, ta cinye mata kuncin hagu da wuya. Tun ranar da aka kwance bandeji take naɗa gyale, ta ja shi har gefen baki. Ko zafin injin guga zai kashe ta, ba ta sassautawa. Abokan aiki sun san akwai ƙuna, amma ba wanda ya taɓa ganin iyakarta. Abin da ta roƙi duniya ke nan, kuma ai bai taka kara ya karya ba.

Da wannan wankin ta kai autarta jami'a, yarinyar ta karanci wasan kwaikwayo. Wata Asabar ta ce, "Umma, ki zo ki ga aikina. Ina binciken ko ni wace ce."

"Ki tambaye ni mana, ba ni na haife ki ba?"

Ta dai je. Tsohon sito ne aka share, aka jera kujerun roba. Ba labari, ba waƙa. Auta ta zauna gaban madubi da gam da jan fenti, ta shiga ɗora wa fuskarta tabo. Ba kowane tabo ba, na uwarta. Har tattarar nan ta ƙarƙashin haɓa, har inda fatar kunne ta manne da wuya, wuraren da sai mai shafa musu magani ya sani. Ita kuwa auta ke shafawa tun tana 'yar shekara takwas.

Ta miƙe tana bi kujera-kujera. "Ku taɓa. Fuskar uwata ce." 'Yan kallo suka taɓa kuwa, manya da digirinsu, wasu har da ɗaga waya suna ɗaukar bidiyo. Sannan ta sunkuya kan bokiti ta wanke tas, aka yi ta tafa mata.

A bakin ƙofa ta riƙo hannun uwar. "Don ke na yi, Umma. Don ki daina ɓuya."

"Na aike ki?"

"Umma, ba ki gane ba ne, fasaha ce."

"Na gane sarai. Naki ya fita da sabulu." Ta zare hannunta, ta tari mota.

Ran Litinin ta tarar da mata uku sun haɗa kai kan waya guda a bayan tulin zannuwan gado. Suna ganin ta suka watse, kowacce ta kama aikin da ba nata ba. Mai ninki ce kawai ta tsaya, tsohuwar abokiyar aikinta, ta matso tana kallon gyalen, murya ƙasa-ƙasa.

"Yaya, ashe har kunnen ya ci?"

Mai Gyale ta kunna injin guga, ta jawo zanin farko.